Madubin Jiya: Yadda Ake Ƙera Na'urar Mayar da Lokaci a Labarin Almara

Shekarun baya na rubuta wani dogon labari a kan wani birni da babu shi a taswira, na ba jarumin madubi mai mayar da lokaci baya. Na kai babi na goma sha ɗaya ina ta yaba wa kaina, sai na miƙa wa ƙanwata takardun, don ita ba ta da kara. Bayan kwana biyu ta dawo da su ta dire a kan tabarma, ta ce, "Yaya, a babi na bakwai na tsaya. Tunda duk wanda ya mutu murɗa madubi ake yi ya tashi, ni kukan me zan yi?" Ina shirin kare kaina ta ƙara da cewa, "Kuma me ya hana shi komawa ranar da aka naɗa azzalumin sarkin nan ya hana naɗin, kowa ya huta?" Na yi shiru. Ban taɓa zama na tambayi madubin abin da ba zai iya ba.

Rabin labarin na yaga. Abin da ke tafe hanyar da na bi ce wajen sake ƙera na'urar tun daga tushe. Zan riƙa buga misali da tawa, wadda na raɗa wa suna Madubin Jiya. Ba sai taka ta yi kama da ita ba. Tambayoyin ne dai ba makawa, ko ka amsa su a ɗakinka, ko mai karatu ya jefo maka su a bainar jama'a.

Mataki na ɗaya: raba gani da warwarewa

Abu biyu muke yawan cakuɗawa. Akwai na'urar da za ta nuna maka abin da ya wuce, kana tsaye kamar mai leƙe ta taga, ba ka da ikon taɓa ko tsinke. Akwai kuma wadda za ta kama abin da ya riga ya faru ta warware shi, tulun da ya fashe ya haɗe, tuwon da ya ƙone ya koma gari da ruwa. Ta farko ta alƙali ce da mai cigiya da kishiya mai zargi. Ta biyu ta mai da-na-sani ce. Yanke tun yanzu wacce kake so, in kuwa duka biyun ne, kada farashinsu ya zo ɗaya.

Tawa ta haɗa biyun, ga fasalinta. Faifan tagulla ne gogagge, faɗinsa ya kai murfin babbar randa, an kafe shi a bango yana fuskantar tsakar ɗaki. A ƙasa an zana da'ira da toka, taku bakwai daga wannan gefe zuwa wancan. A bayan bangon akwai ɗan ƙuƙut ɗin ɗaki, mace tana zaune tana kaɗi, alli a yatsunta, mazari yana juyawa, zaren yana ratsa wani zobe da ke manne a bayan faifan kafin ya naɗe. Muddin zare na tafiya, duk abin da ya faru a cikin da'irar yana shiga murɗinsa. In gani ake so, sai a jawo zaren a hankali ta cikin zoben, hoto ya bayyana a tagullar. Zaren bai lalace ba, ana iya sake naɗe shi a ajiye. In warwarewa ake so, sai a juya mazarin baibai, murɗin ya kwance, zare ya koma auduga. Wannan sau ɗaya ake yin sa, audugar da aka kwance ba ta sake kaɗuwa.

Ka lura ban ko ambaci sihiri ba tukuna, amma mai karatu ya riga ya ga hannu yana aiki, ya kuma san akwai abin da zai iya tsinkewa.

Mataki na biyu: ara masa doka daga hasken gaske

Kowane madubi na duniya jiya yake nunawa, jiyan ce dai gajera. Ibnul Haisam, mutumin Basra da ya yi zamansa a Alƙahira wajen shekara dubu da ta wuce, ya kafa hujja a Kitabul Manazir cewa haske ne yake tasowa daga abu ya shiga ido, ba ido ne yake harba haske ba. Daga baya aka auna gudun hasken, kusan kilomita 300,000 a sakan ɗaya. Sauri ne, amma ai tafiya ce, tana cin lokaci. Ranar da kake gani a sama ta minti 8 da sakan 20 da suka wuce ce. A 1969 'yan sama-jannatin Apollo 11 sun ajiye wani allon ƙananan madubai a kan wata, har yau ana harba masa haske daga ƙasa ya je ya dawo cikin kimanin sakan biyu da rabi. Kai ma in ka tsaya mita ɗaya da rabi daga madubin ɗakinka, fuskar da kake gyarawa ta kashi ɗaya cikin miliyan 100 na sakan da ya wuce ce.

To yi lissafi. Don ka ga jiya war haka, sai madubi ya kasance a nisan da haske zai yi awa 12 zuwa, 12 dawowa. Wajen kilomita biliyan 13 ke nan, kusan ninki uku na nisan duniyar Neftun daga rana. Ga inda ribar marubuci take: ko kana da jirgin kai madubi can, ba za ka riga hasken da ya tashi jiya isa ba. Dole madubin ya kasance yana wurin tun kafin abin ya faru. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Wannan ce dokar farko, ita kuma ta amsa wa ƙanwata tambayarta ta biyu. Madubi bai san abin da ya riga kafa shi ba, bai kuma san abin da ya faru a bayan idonsa ba. An naɗa azzalumin sarkin a filin ƙofar fada, shekara ashirin kafin a zuba tagullar, shi ke nan ƙofa ta rufu. Rubuta ranar da aka kafa na'urarka, da wurin, da iyakar inda idonta yake kaiwa. Rubuta kuma lokutan da ta makance, daren da mai kaɗi ta yi gyangyaɗi, shekarar da fari ya hana auduga. Irin wannan giɓi za ka ci moriyarsa nan gaba, don a cikinsa mai laifi mai wayo zai yi aikinsa.

Mataki na uku: bar shi ya nuna baibai

Ana cewa madubi yana juya hagu da dama. Gwada ka gani. Fuskanci gabas da madubi a gabanka, ka ɗaga hannunka da ke ta arewa. Na cikin madubin ma hannun arewa zai ɗaga. Fuska ce ta juya, kai kana kallon gabas, shi yana kallon yamma. Ashe gaba da baya madubi yake musanyawa. Mu kuwa harshenmu ya yi mana gata, da waɗannan kalmomi biyu muke auna lokaci, nan gaba da can baya. Saboda haka madubin lokaci na ƙwarai ta ƙarshe zai faro, farko ya zo daga baya.

Wannan ma yana da ɗan'uwa a duniyar gaske. Tun wajen ƙarshen shekarun 1980 wani masanin Faransa, Mathias Fink, da abokan aikinsa a Faris suke haɗa abin da suka kira madubin juya lokaci, sai dai nasu na sauti ne. Sukan jera ƙananan na'urori masu ji kuma masu amsawa, su naɗi ƙarar da ta iso musu, sannan su mayar da ita baibai, wadda ta iso ƙarshe ita ke fara fita. Sai sautin ya bi sawunsa ya koma ya taru daidai inda ya taso. An gwada dabarar wajen saita sauti a kan tsakuwar ƙoda don a fasa ta, da gano tsaga a cikin ƙarfe. Lokaci dai bai koma ko'ina ba, sauti ne ya bi hanyarsa da baya, amma marubuci ya tsinci dami a kala.

Dubi yadda abin yake a shafi. Alƙali yana zaune, ana jan zare. Abin da ya fara gani mace ce durƙushe, hawaye yana hawa kumatunta yana shiga ido. Sai nono ya tattaro kansa daga ƙasa, sakaina ta haɗe ta zama ƙwarya, nonon ya faɗa ciki, ƙwaryar ta tashi sama ta zauna a kanta. Sai ga wani hannu a kafaɗarta. Hannun wa? Sai an ƙara jan taƙi guda. Mai karatu ya ga ɓarna yana jiran maɓarnaci, ba ka kuma yi masa wata dabara ba, yadda na'urar take ke nan. Magana kuwa surutu ce mara kan gado tunda ita ma baibai take fita, don haka na ƙirƙiro sana'ar masu kunnen baya, yaran da ake horarwa tun suna ƙanana su fassara ta. Su ma fa mutane ne, ana iya sayensu.

Mataki na huɗu: sharuɗɗan warwarewa

Akwai wani gwaji da masanin Ingila G. I. Taylor ya nuna a wani fim na koyarwa cikin shekarun 1960, ya kamata duk mai rubuta irin wannan labari ya san shi. Gwangwani biyu ne, ƙarami cikin babba mai nuna abin da ke ciki, an cika tsakaninsu da ruwa mai kauri kamar zuma. Aka ɗiga launi, aka juya na cikin a hankali 'yan zagaye, launin ya miƙe ya baje har ka rantse ya gauraye. Sai aka juya baya daidai adadin zagayen, launin ya tattaru ya koma ɗigo. Ɗigon dai bai koma tsaf ba, gefensa ya ɗan dusashe.

Daga nan na ciro cewa aikin ba ya son gaggawa. A birnina warware awa ɗaya awa uku take ci, in aka fizga zare ya tsinke. Babu batun ana tsakiyar faɗa jarumi ya murɗa ya tsira.

Sharaɗin da ya fi mini daɗi shi ne wannan: duk abin da ke cikin da'irar sa'ad da abin ya faru, dole ya kasance a cikinta sa'ad da ake warwarewa. Tulu ya fashe, yaro ya share tsingaro ɗaya ya fitar, to tulun zai haɗe da huda daidai girman tsingaron. Maƙeri ya sare yatsa a gaban madubi, jini ya jiƙa tsumma, aka yar da tsumman a bola. Raunin zai rufe, amma mutumin zai miƙe da jiri, don jinin yana bola. Wasiƙa ta ƙone, iska ta kwashi rabin tokar ta taga, za ta dawo da rabin kalmominta, kuma kai ne mai zaɓar waɗanda suka tafi. Yanzu mugun labarinka ba ya bukatar runduna. Tsingaro ɗaya zai jefa a aljihu ya fice yana gaisawa da mutane.

Sai dusashewar nan. Tulun da aka mayar ruwa yana tsattsafowa ta jikinsa, in aka sake mayar da shi karo na biyu ya fara gari a hannu. Mutane ma haka. Wanda aka mayar sau uku ana gane shi a kasuwa, idonsa ya koɗe, muryarsa kamar daga cikin rijiya. 'Yan birnin ɗan kome suke ce masa, ba kowa ke ba shi 'ya ba.

Mataki na biyar: wa zai biya?

Hayaƙi ba ya komawa cikin itace, siga ba ya fita daga shayi ya koma ƙwara. Bajamushe Rudolf Clausius ne ya raɗa wa ma'aunin wannan ɗabi'a ta duniya suna entirofi a 1865, wato yadda abubuwa ke bajewa ba sa tattaruwa don kansu. Dokar ba ta hana gyara ba. Cewa ta yi in ka gyara nan sai ka ɓata can, ɓarnar kuma ta fi gyaran yawa. Zagaya bayan firij ka sa hannu, zafin da aka kwashe daga ruwan sanyinka ne yake fita, har da ƙari.

To taka na'urar, ina bayanta yake? Guji farashin da ba ya ciwo, irin na "ya gaji ya kwanta kwana biyu". Araha ba ta ado. A Madubin Jiya lokacin da aka kwance daga da'ira ba ya ɓacewa, ta bayan gidan yake zuba, a kan wata unguwa da ake kira Bayan Tagulla. In aka warware rabin awa, nonon unguwar kaf ya yi tsami. In aka warware yini, gara ta gama da azarar da ya kamata ta kai shekara, furfura ta tsiro wa 'yar shekara talatin, haƙoran yara su zube kafin lokacinsu. Su wa ke zaune a can? Waɗanda ba su da halin zama a wani wuri, da su kansu masu kaɗin. Attajiri ya biya zinariya an mayar masa da kwalbar turarensa, mai tallan nono a bayan katanga ta buɗe ƙwarya ta tarar da jarinta ya mutu, ba ta ma san sunansa ba.

Ranar da na rubuta wannan na gane ba ɗan sarki ne jarumin labarina ba. 'Yar mai kaɗi ce, wadda uwarta ta tsufa a gaban idonta cikin damina biyu. Yi wa farashin jadawali ka manna a bango, kada babi na uku ya ce rabin awa tsamin nono ne, na tara ya ce kyauta ce.

Mataki na shida: ƙullin da ba ya kwancewa

Yanzu tambayar farko ta ƙanwata. Duk lokacin da rai ya fita ko ya shigo a cikin da'ira, zaren yakan ƙulle kansa. Ana iya jan sa ta kan ƙullin a ga abin da ya faru, amma mazari ba ya warware shi. Ana ta kwancewa, sanƙarewa ta saki gawa, ɗuminta ya dawo, gumin goshi ya sake jiƙewa, sai mazari ya tsaya cak, numfashi ɗaya tsakani.

Na yi haka don labarin, na kuma yi don na san masu karatuna. Mai karatun Hausa zai bi ka duniyar aljanu da dodanni bai yi ƙorafi ba, amma ranar da ƙirar ɗan'adam ta tayar da matacce ko ta karanto gobe, zai ajiye littafin ya fara duban ka kai kanka. Ya taso da ƙissar Ashabul Kahfi da suka yi barcin shekara 300 da ƙarin 9, da ta mutumin nan na aya ta 259 a Suratul Baƙara, wanda ya tashi bayan shekara 100 ya tarar abincinsa bai canza ba, jakinsa kuwa ƙasusuwa. Duka biyun gaba lokaci ya yi da su, kuma ikon Allah ne tsantsa. Wanda ya roƙi a mayar da shi duniya, a aya ta 99 da ta 100 ta Suratul Mu'minun, a'a aka ce masa. Ga kuma hadisin da ke Sahihu Muslim mai hana faɗin "da na yi kaza da kaza", saboda "da" tana buɗe wa Shaiɗan ƙofar aiki. Wato jarumin da ke tsaye gaban madubi yana cizon yatsa, mai karatu ya san yaƙin da ke ƙirjinsa tun kafin ka faɗa. In duniyarka tana da malamai, bar su su saɓa. Nawa ɗaya ya halatta gani don shari'a ya haramta warwarewa, ɗaya ya ce a fasa tagullar baki ɗaya.

Mataki na bakwai: wa zai tuna?

Na cikin da'ira ƙwaƙwalwarsa ma warwarewa take yi, saboda haka mantawa zai yi. Na waje yana sane da komai, rana ma ba ta koma gabas ba. Wannan ɗan bambanci ya ba ni babi biyu cur. Miji ya furta saki a cikin da'ira, dangi suka biya aka warware, ya miƙe yana tambayar me ya tara jama'a. Shaidu biyu da ke bakin ƙofa kuwa da kunnensu suka ji. Saki ya saku ko bai saku ba? Magana zarar bunu ce, in ji alƙali na farko. Na biyu ya ce bakin da ya furta ai babu shi yanzu. Matar tana gefe, ita tana waje lokacin, ta ji, ba kuma wanda ya tambaye ta.

In ka nace sai duniya gaba ɗaya ta koma baya, to ka gayyato tsohuwar rigima: ka koma ka hana auren kakanka, wa ya haife ka da har ka koma? Mafita biyu aka fi bi. Ko ka ce duk abin da matafiyin ya yi a can dama yana cikin abin da ya faru, ba ya iya canza shi, ra'ayin da masanin Rasha Igor Novikov ya shahara da shi a shekarun 1980. Ko ka ce duniya takan yi reshe, ya gyara sabuwa, tsohuwar tana can da makokinta. Zaɓi ɗaya ka riƙe. Ni da'irar toka ta fi mini kwanciyar hankali.

Mataki na takwas: ma'auni da kayan aiki

Birnin da babu agogo, kada wani a cikinsa ya ce "minti goma". Kana da asuba da hantsi da walaha da la'asar sakaliya da almuru. Don ƙaramin ma'auni na aro daga Aljazari, injiniyan da ya yi aiki a fadar Diyarbakir cikin Turkiyya ta yau, ya kammala littafinsa na na'urori a 1206. A cikin agogonsa mai siffar giwa akwai tasa mai huda tana yawo a kan ruwa, duk rabin awa ta cika ta nutse. Sai na sa mutanena suna cewa "tasa ɗaya", "tasa uku". Tasa ɗaya kamu ɗari na zare take ci, mazari yana cika a tasa shida, ɗan tsakanin sauya mazari kuma sunansa ƙiftawa, ɓarayin birnin duk sun haddace lokacinsa.

Je ka ga hannu yana aiki kafin ka rubuta. In da hali ka leƙa maƙeran tagulla da masu narka gilashi na Masaga a Bida, ko maƙeran azurfa na Agadas, ko ka zauna kusa da tsohuwa mai kaɗi ka ga yadda take gurza auduga ta shiɓe ta. A irin wannan zama na tsinci cewa tagulla dusashewa take yi in ba a goge ta da toka da tsami ba, sai ga sabon mutum a labarin, yaro mai goge faifai, wanda kowa ya raina kuma shi ya fi kowa ganin asirin birni.

Mataki na tara: bar birnin ya sauya

Abu irin wannan ba zai zauna a gari shekara hamsin gari yana nan yadda yake ba. Ɗaurin aure da babban ciniki da karɓar bashi duk za su koma cikin da'ira, maƙarƙashiya kuma ta koma lungu. Auduga za ta yi tsada, ɗakin ajiyar zare ya fi baitulmali masu gadi. Tambayi kanka wa ke riƙe da makullinsa, sarki ko alƙali ko uwar masu kaɗi, kuma wa ya taɓa ƙona shi.

Mataki na goma: ba wani ya fasa ta

Tattara dokokin a shafi ɗaya, in sun fi shafi sun yi yawa. Kafin kowane wuri da za a taɓa na'urar, rubuta wa kanka a gefe: me ke cikin da'ira, wa ke waje, kamu nawa za a kwance, wa zai biya a bayan katanga. Kada ka jibge wa mai karatu dokokin a babin farko kamar mai karanta sanarwa. Kowace doka ta fara bayyana ne ranar da ta cuci wani. Dokar tsingaro ranar da tulu ya dawo da huda, dokar ƙulli ranar da uwa ta ga ɗumin ɗanta ya dawo shi bai dawo ba.

Sannan nemi mafi tsaurin ido cikin masu karatunka, ka ba shi shafin, ka ce ya nemo hanyar cutar na'urar. Na mayar wa ƙanwata nawa. Ta yi shiru tana bi da yatsa har ƙasa, ta ɗago ta ce, "Yaya, in aka kafa madubi biyu suna kallon juna fa, aka warware ɗaya ana kaɗa ɗaya?" Wannan karon ban yaga komai ba. Na sa dokar birnin ta haramta zuba faifai na biyu, hukuncinta kora, na kuma ajiye babi na goma sha huɗu don daren da aka ga hayaƙin maƙera yana tashi daga Bayan Tagulla.